Daga Maraɗi zuwa rumbunan intanet: Yadda na nemo katun ɗin da ya sa yayana kuka

Saƙon murya ne na minti biyu, ya faɗo wayata da tsakar dare daga Tamanrasat a ƙasar Aljeriya, inda yayana yake aikin gini yau shekara huɗu. Na zaci maganar kuɗin cefane ce, ko ta jikin Inna. Ashe katun yake nema.

"Auta, akwai wani desan anime da muke kallo a gidan Alhaji muna yara," in ji shi. "Wani yaro ne da tsoho mai farin gemu, suna yawo gari-gari da biri da karnuka uku, suna wasa ana jefa musu kuɗi. Sunan ya ɓace mini ƙaf. Don Allah ka nemo wa yarona shi ya kalla." Daga nan ya soma rera kiɗan farkon fim ɗin da hanci, dariya ta ƙwace masa, saƙon ya yanke.

Yaron da yake magana a kai yana gidanmu a unguwar Zariya, a nan Maraɗi. Shekararsa bakwai, rabonsa da ubansa tun yana da uku. Na ce wa kaina wannan ai aikin yammaci ɗaya ne. Sai da ya ci mini mako uku, ya kai ni Tibiri, ya kai ni Jiratawa, ya kuma lashe mini mega ɗin da ba zan faɗi adadinsa ba don kada Inna ta ji.

Duk ɗan Maraɗi ya san inda ake fara irin wannan nema: wajen masu tura fina-finai a waya, waɗanda ke zaune da kwamfuta da tulin cajoji a kewayen babbar kasuwa da bakin titunan unguwanni. Shago biyar na zaga. Abin da ke cikin kwamfutocinsu kusan iri ɗaya ne, wato fina-finan Kannywood masu dogon zango, da Indiya-Hausa, da na Turkiyya, da wa'azi, da kokawa. A ɓangaren yara akwai Naruto da Dragon Ball Z da Tom and Jerry. Da na kwatanta wa wani daga cikinsu yaron da birinsa, sai ya gyaɗa kai kamar ya gane, ya tura mini Aladdin, tunda shi ma yana da biri.

Wani kuma ya yi mini bayanin da ya fi fim ɗin amfani. Ya ce rumbun kwamfutarsa ba shi da faɗi, don haka duk abin da aka ɗauki lokaci ba a tambaya ba sai ya goge ya zuba sabo. Ban ga laifinsa ba, kasuwa ya fito, ba ajiyar tarihi ba. Na leƙa gidan Alhajin da Yaya ya ambata. Mai gidan ya rasu, bidiyon ya daɗe da mutuwa, kasusuwan kuwa zafi da ƙura da gara sun gama da su tun kafin a zubar.

Abu ɗaya, suna uku

Kafin a kai ga rumbu, sai an san sunan abin da ake nema, kuma a nan mafi yawanmu muke maƙalewa. Kusan babu ɗaya daga cikin katun ɗin Japan da muka taso da su da ya iso mu da sunansa na yanka.

Ta ƙofa biyu suka shigo mana. Ta farko Faransa ce. Tun ranar 3 ga Yulin 1978, lokacin da tashar Antenne 2 ta fara nuna Goldorak, gidajen talabijin na can suka dinga sayo katun daga Japan suna ɗora musu murya da sababbin sunaye. Shirin yara na Club Dorothée, wanda tashar TF1 ta gudanar daga 1987 zuwa 1997, cike yake da su. Abin da aka ɗora wa Faransanci kuwa ba ya jimawa yake gangarowa ƙasashe irin namu, ko ta talabijin ko ta kaset a jakar 'yan kasuwa. Ƙofa ta biyu ta Larabawa ce. Da parabol ta yawaita a saman gidaje, yaran zamanina sun yi zaman dirshan a gaban Spacetoon, wadda ta fara aiki a 2000, suna sauraren jaruman Japan suna zuba Larabci irin na malamin Islamiyya.

Shi ya sa abu ɗaya yake da suna uku. Yaron nan mai ƙwallo da ke shafe rabin awa yana gudu bai isa raga ba, wanda 'yan lekol suka sani da Olive et Tom, shi ne Kyaftin Majid a wurin masu kallon tashar Larabawa. A Japan sunansa Captain Tsubasa, Yoichi Takahashi ya fara zana shi a 1981, aka mayar da shi katun a 1983. Goldorak asalinsa Grendizer ne, na Go Nagai, wanda ya fito a 1975. Adnan wa Lina, da 'yan mata da yawa ba su manta ba, aikin Hayao Miyazaki ne na 1978 mai suna Mirai Shonen Conan. 'Yan uwanmu na Katsina da Kano da NTA ta raina da Turanci za su ce maka Voltron, alhali a gidansu GoLion ake kiransa.

Ni abin da ya fisshe ni shi ne na daina neman suna, na rubuta abin da Yaya ya tuna da Faransanci: yaro, tsoho, biri, karnuka uku, desan anime. Nan take Rémi sans famille ya bayyana. Daga nan na shiga Planète Jeunesse, wani shafi da masu sha'awar katun a Faransa suka gina, inda kowane fim yake da takardarsa: sunan Faransanci, sunan asali, shekara, kamfani, har da sunayen waɗanda suka ɗora murya. Sunansa na asali Ie Naki Ko, ma'ana yaron da ba shi da gida. Osamu Dezaki ne ya ba da umarni, kamfanin Tokyo Movie Shinsha ya yi shi a 1977, kashi 51, an kuma ɗauko labarin daga littafin da Bafaranshe Hector Malot ya wallafa a 1878. Tsohon sunansa Vitalis, birin Joli-Cœur, karnukan Capi da Zerbino da Dolce. Na aika wa Yaya hoton. Amsarsa kalma biyu ce da ihu: "Shi ne!"

A ƙarshen makon na je suna a Tibiri, garin Sarkin Gobir, tafiyar 'yan mintoci daga Maraɗi. Ina cikin ba da labarin nasarar da na samu, sai taubashiyata, wadda ke koyarwa a wata firamare a can, ta katse ni. Ta ce in daina yi wa mutane ƙarya da sunan aikin jarida, Remi mace ce, ita ta kalle ta da idonta da Larabci. Na rantse, ta rantse. Muka sa goro, wanda ya faɗi ya saya. Wayar ce ta raba gardamar, kuma babu wanda ya ci goron wani. A 1996 kamfanin Nippon Animation ya sake yin labarin, ya mayar da Remi yarinya, shi ne wanda Larabawa suka fassara da sunan Durub Remi. Kafin su duka ma kamfanin Toei ya yi fim ɗin sinima a kan labarin a 1970. Wato wanda ya rubuta "Remi" kawai a waya, Remi uku ne za su amsa masa.

Wanda ya fi tsufa ya fi sauƙin samu

Da suna ya samu, sai tambayar inda ake ajiye su. Abin da ban zata ba shi ne katun ɗin da suka girmi kakanninmu sun fi na yarintarmu sauƙin samu, kuma ta hanyar halal.

A 2017, domin cika shekara 100 da fara yin katun a Japan, cibiyar adana fina-finai ta ƙasar da ke Tokyo ta buɗe wani shafi mai suna Japanese Animated Film Classics. Ta zuba fina-finai 64 da aka yi tsakanin 1917 da 1941, kyauta, ba rajista, ba talla, akwai kuma ɓangaren Turanci. Yawancinsu gajeru ne, 'yan mintoci, don haka ko mai ƙaramin mega zai iya leƙawa. Akwai tatsuniyoyin dabbobi, akwai na ban dariya, akwai ayyukan Noburo Ofuji da yake yanka takarda mai ado yana motsa ta a gaban kyamara.

Mafi tsufa a cikinsu shi ne Namakura Gatana, wato dakusasshen takobi, wanda Junichi Kouchi ya yi a 1917. Kimanin minti huɗu ne. Wani jarumi mai cika baki ya sayi takobi, ya fita gwada shi a kan masu wucewa, su kuma suka lakaɗa masa duka. An daɗe ana ɗauka fim ɗin ya ɓace har abada, domin girgizar ƙasar 1923 da gobarar da ta biyo baya sun cinye mafi yawan fina-finan farko na Japan, waɗanda dama an yi su ne da wani irin faifai mai saurin kama wuta. Sai a 2007 aka tsince shi a wata kasuwar tsofaffin kaya a birnin Osaka. Allura cikin ruwa ke nan, mai rabo ya ɗauka. Da na karanta wannan sai na tuna kasusuwan gidan Alhaji.

Rémi ba ya cikin wannan rumbu, kuma dalilin doka ce. A Japan fim yana hannun masu shi har shekara 70 bayan fitowarsa, ke nan na 1977 sai a ƙarshen shekarun 2040 zai zama na kowa. Bai tsufa har a sake shi kyauta ba, ba shi kuma da sabuntar da masu turi za su ba shi wuri. Mafi yawan katun ɗin da muke kewa a wannan tsakiyar suke.

Wasu suna da sa'a. Fina-finan Studio Ghibli, kamfanin da Miyazaki da Isao Takahata suka kafa a 1985, sun hau Netflix tun 2020 a mafi yawan ƙasashen duniya, ciki har da Totoro. Ga ɗan uwan da ke Brussels ko Jidda wannan ba komai ba ne. Ga wanda ke Maraɗi kuwa sai da katin banki, da rezo mai ƙarfi, da kuran da ba ya ɗaukewa a tsakiyar fim. Wasu kamfanonin, irin su Tezuka Productions da Nippon Animation, suna da shafukansu na hukuma a YouTube inda suke sakin wasu sassa kyauta, sai dai wani lokaci ka danna a ce maka ba a nuna wannan a ƙasarka. Cibiyar INA ta Faransa, mai ajiyar shirye-shiryen rediyo da talabijin na ƙasar, tana da gutsattsarin shirye-shiryen yara na da, masu daɗin tuna baya, amma ba can ake samun kashi 51 a jere ba.

Saura Internet Archive, katafaren rumbun da Brewster Kahle ya kafa a Amurka a 1996, da sauran shafukan bidiyo inda kowa ke iya ɗora abin da yake da shi. A irin waɗannan wurare ne muryoyin Faransanci da na Larabci suke raye, albarkacin mutanen da suka naɗi talabijin a kaset shekaru talatin ko arba'in da suka wuce, suka kuma ƙi zubarwa. A wani shafin bidiyo na sami Rémi da irin muryar da Yaya ya sani, hoton yana rawa, ga tambarin tashar da aka naɗo a kusurwa. Jerin ya yi tsalle daga kashi na 17 zuwa na 22. Bayan mako guda na koma, shafin mutumin gaba ɗaya babu shi. Masu haƙƙi suna da ikon sa a sauke kayansu, kuma suna yi. Shi kansa Internet Archive ya yi kwanaki a rufe a watan Oktoban 2024 bayan masu kutse sun afka masa. A ganina duk wanda ke cewa intanet ba ta mantuwa bai taɓa neman kashi na 18 na wani katun ba.

Wata magana ga iyaye, tunda na ga abin da na gani. Ba kowane zane ne na yara ba. Le Tombeau des lucioles, fim ɗin Takahata na 1988, labarin yara biyu ne da yaƙi da yunwa suka kashe, babba ma sai ya daure. Fim ɗin Momotaro na 1945, dogon katun na farko a Japan, dabbobi ne masu kyan gani amma farfagandar sojan ruwa ce. Kalmar "anime" ita kaɗai, idan aka rubuta ta aka bar yaro da waya, tana iya jawo hotunan da ba za ka so ya gani ba. Ga kuma shafukan da ke cika allo da maɓallan saukewa na ƙarya, suna neman lambar waya. Ka nemo da kanka, ka kalla tukuna, sannan ka miƙa.

Mai fassara ya koma gona

Ranar da na kunna wa yaron kashi na farko ne na gane akwai abin da ya rage. Yana aji biyu, Faransancinsa bai wuce gaisuwa da ƙirga ba. Minti biyar ya ɗago kai: "Baffa, me suke cewa?" Mu ma da muna kamarsa ba mu ji ba. To ta yaya muka gane labarin har muke gardama a kansa a hanyar lekol?

A gidan kallon unguwarmu akwai wani saurayi da ke zama kusa da talabijin yana mayar mana da komai Hausa. Mai Fassara muke ce masa. Faransancinsa ma ba wani mai zurfi ba ne, inda bai ji ba sai ya ƙirƙira, ya ba mugu sunan wani mai shago da yara ba sa so, ya sa jarumi ya yi rantsuwa irin ta 'yan tasha. Na yi cigiya aka ce mini ya koma garinsu Jiratawa, kudu da Maraɗi, yana noman rani a filayen ban ruwa na can.

Na hau kabu-kabu na same shi da la'asar a bakin gona, laka har gwiwa. Ya ce shi rabonsa da wannan sana'a tun da waya ta shiga hannun kowa, gidan kallo ya koma na ƙwallo kaɗai. Babu ko kaset ɗaya da aka taɓa naɗar muryarsa a ciki, bai ma taɓa kawo wa ransa abin naɗa ba ne.

Na ciro waya na kunna masa Namakura Gatana, wanda ba shi da magana ko ɗaya. Ya kalla sau ɗaya shiru. A karo na biyu, da mai takobin ya fara taƙama, sai bakinsa ya buɗe da kansa. Ya mayar da shi wani ɗan tauri da ya sayi wuƙa bashi, ya ba mai sayar da takobin muryar dillalin kasuwar dabbobi. Kafin minti huɗun su cika yara shida sun bar korar tsuntsaye sun zagaye mu, suna neman a maimaita.

Abin da bai sani ba, ni ma a wannan neman na koya, shi ne a Japan ɗin ma haka aka kalli wannan fim a 1917. A zamanin fina-finai marasa magana, kowane gidan sinima yana da mutumin da ke tsayawa gefen allo yana ba da labari, yana canza murya ga kowane ɗan wasa. Benshi ake kiransu, kuma wasunsu sun yi sunan da jama'a kan je sinima don su, ba don fim ɗin ba. Da na gaya masa sai ya yi dariya, ya ce ashe yana da dangi a Japan. Sana'ar ba ta mutu a ƙasar Hausa ba, ita ce ta girma ta zama fassarar fina-finan Indiya da ɗakunan ɗaukar murya na Kano irin su Algaita suke yi. Amma a shagunan da na zaga ban ga tsohon katun ɗin yara ko ɗaya da aka yi wa wannan gata ba.

A hanyar dawowa wani abu ya tsaya mini a rai. Japan ta tsinci fim ɗin minti huɗu a kasuwar gwanjo, ta gyara shi, ta ajiye inda manomi a Jiratawa zai gan shi a waya. Mu ma muna da namu. Moustapha Alassane, wanda aka haifa a N'Dounga a 1942 ya rasu a 2015, yana cikin mutanen farko da suka yi katun a Afirka. Ya ƙaro sani a Kanada wurin Norman McLaren, ya yi La Mort de Gandji, ya yi Bon Voyage Sim a 1966, labarin wani kwaɗo shugaban ƙasa da ya tafi ziyarar aiki, ya kuma shafe shekaru masu yawa yana aiki a Tawa. A 2017 gidan adana kayan fasaha na MoMA a New York ya shirya nuna fina-finansa. Na koma wajen masu turin nan biyar na ambaci sunansa. Ɗaya ne ya ce ya taɓa ji, shi ma ya ɗauka ɗan siyasa ne.

Daga ƙarshe kashi 44 na haɗa cikin 51, daga wurare uku, wasu da hoto garau wasu kamar ana kallo ta cikin hazo. Idan aka jera duka 51 sun kai awa ashirin, don haka muka tsara kashi biyu kowane dare bayan isha'i, ni ne mai fassara. Inda kashi ya ɓace sai in karanta taƙaitaccen labarinsa in ba shi da baki. Ban kai mutumin Jiratawa ba, yaron ma ya gaya mini muryar tsohona da ta birina iri ɗaya ce.

Sai da muka yi nisa na fahimci abin da ya sa Yaya ya tuna wannan fim a Tamanrasat da tsakar dare. Rémi yaro ne da talauci ya sa aka miƙa shi ga baƙo, ya bar matar da ta raine shi, yana tafe gari-gari yana neman abin da zai ci, yana kwana inda dare ya yi masa. A daren da muka kai inda kyarketai suka ɗauke Zerbino da Dolce a cikin ƙanƙara, sanyi kuma ya kama birin, yaron bai yi kuka ba. Ya karɓi wayata ya danna wurin saƙon murya da kansa.

"Baba, mun kai wurin karnukan. Baffa ya ce kai ka yi kuka a nan. Wai can inda kake ana yin irin wannan sanyin? Kana da bargo?"

Rezon Tamanrasat bai isar da saƙon ba sai da asuba.